Tutar Girka a Kan Burodin Makedoniya

Sha'aibu, ɗan wan babana, shi ya ce in taho. A waya ya ce yana da shago a New York, yana da gida, abin da ya rage masa kawai ɗan'uwa mai amana. Da na iso sai na tarar shagon tebur ne mai naɗewa, gidan kuwa ɗaki ɗaya ne can ƙololuwar wani bene a Grand Concourse, an cika shi da 'yan Nijar maƙil. Katifa ma ta karɓa-karɓa ce. Masu tuƙin tasi su kwanta da rana, in sun fita mu masu tebur mu maye gurbinsu. Kullum ka kwanta sai ka ji ɗumin wani ƙato a jikin katifar, ga warin man zafin da ya shafa a gwiwa. Ni Lawali, da na baro ɗakina a Mokoyo cikin Maraɗi da shirin in koma in gina bene, kafin wata ya zagayo burina duk ya tattare ya koma abu ɗaya: ɗaki mai ƙofa, in rufe in kwanta ni kaɗai.

Teburin na huluna ne da tabarau da cajar waya, in hadari ya haɗo mu fito da lema. Na tambayi Sha'aibu ko akwai farmi, wato takardar izinin sayarwa, ya ce, "Kai dai tsaya ka sayar, wannan ba matsalarka ba ce." Ranar da masu kamen tebur suka ɓullo, nan take ya tuna bai yi azahar ba. Ina tsaye ana kwashe kaya ana zuba mini Turancin da ban ji rabinsa ba, na hango shi a tsallaken titi ya laɓe bayan wata mota yana leƙe. Da yamma a gaban kowa ya ce ni na zo masa da ƙashin tsiya, shekara da shekaru yana wurin nan ba a taɓa shi ba. Ban tanka ba, don in na buɗe baki a ranar sai maganar ta kai Maraɗi ta raba gidanmu biyu. Na ɗauki jakata na sauka.

Daga nan sai Soundview, wurin wankin mota, kuma a daidai shigowar sanyi. Wanda bai taɓa tsoma hannu a ruwa cikin Janairun garin nan ba, don Allah kada ya yi mini zancen wahala. Yatsuna suka tsattsage, ko alwala sai na cije baki. Ina kwana a ɗakin ajiyar masallaci tsakanin dardumai, har kwamiti suka kira ni suka ce wai inshora ba ta yarda ba. Inshora! A ɗakin Allah! Ga Inna tana aiko da saƙon murya: "Lawali, an ce can har kare yana da ɗakinsa. Kai naka ya yake?" In ce, "Lafiya lau, Inna, har da taga." In na kashe wayar sai in ji kamar in zauna a dusar ƙanƙara in yi ta kuka.

Wata Juma'a bayan an sallame, wata dattijuwa da ke raba wake da shinkafa a ƙofar masallaci ta miƙo mini roba, sai ta kama hannuna ta juya shi. Hajiya Ramatu ke nan, 'yar zangon Kumasi.

"Ei! Ɗan Nijar, wannan hannun mutum ne ko na kada? Ina kake kwana?"

Na yi shiru. Ta ce shirun ya isa. Ita aikin kula da tsofaffi take yi, akwai wata tsohuwa Baturiya da take jinya a Staten Island, kusa da Tompkinsville. Ɗan tsohuwar yana da gidan burodi, yana neman mai taya shi kwaɓi, kuma akwai ɗaki a bayan tanda. Da na ji kalmar ɗaki ban ma tambayi albashi ba. Washegari ta sa ni gaba muka shiga jirgin ruwa. Ta ce kyauta ne, ban yarda ba. Har muka sauka ina waiwaye, ina jiran wanda zai dafa kafaɗata.

Sunan mai gidan burodin Risto. Ƙato ne mai gashin baki, ya haura sittin, hannunsa guda ya yi nawa biyu. Yana yin burodi da wani abu da suke kira burek, ƙulli ne ake miƙarwa har ya yi shara-shara, a naɗe shi da cuku ko naman sa. Ya dube ni sama da ƙasa ya ce daga ina. Na ce Nijar.

"Najeriya," in ji shi.

Raina ya ɓaci, don tun saukata garin nan nake fama da wannan. Na manta aiki na zo nema, na ɗaga murya: "Ba Najeriya ba! Nijar! Ƙasa ce daban, da tutarta da shugabanta!" Hajiya ta taka mini ƙafa. Shi kuwa sai ya ajiye wuƙar hannunsa, ya yi ta kallona, can ya ce, "Kai ma suna yi maka haka? Zauna." Ya yanko burek mai zafi ya tura mini, ya ciro makulli daga aljihun gaba ya ɗora a gefen farantin.

Ɗakin bai fi a shimfiɗa katifa a ajiye jaka ba, amma bangonsa ɗaya jikin tanda ne, ɗumi kamar cikin bargo, ga 'yar taga mai kallon titi. Na rufe ƙofar, na buɗe, na sake rufewa. A ranar na ɗauki hoton tagar na aika wa Inna.

Kuskurena na farko a gidan nan shi ne da na tambaye shi shi kuma daga ina. Wallahi da na san abin da zai biyo baya da na bar shi a Bature kawai. Ya ce Makedoniya. Na ce ban taɓa ji ba. Ya share teburin kwaɓi, ya barbaɗa gari, ya dunƙulo ƙulli babba ya maka a tsakiya.

"Wannan Yugoslabiya. A nan aka haife ni. Fasfo ɗaya, kuɗi ɗaya, in na ga dama in tashi daga garinmu Bitola in je teku in yi wanka, ba mai tambayata takarda." Ya ɗauki wuƙa ya shiga yanka. "Slobeniya ta tafi. Kuroshiya ta tafi, da jini. Bosniya, kada ma ka tambaya." Ya ware Sabiya da Montenegro gefe, ya ɗago ɗan guntun da ya rage a can ƙasa. "Mu ke nan. Muka yi ƙuri'a muka fita, ba mu harbi kowa ba. Ka ɗauka za a ce mana sannu da ƙoƙari?"

Na ce ai ya kamata.

"Bulgeriya ta ce harshenmu nata ne. Sabiya ta ce cocinmu nata ne. A cikin gida ga 'yan Albaniya, Musulmi irinka, su ma da nasu ƙorafin, har sai da aka ɗan taɓa harbe-harbe kafin a zauna. Amma waɗannan," ya nuna ƙasan teburin da wuƙa, "Girkawa, su suka ce sunan ma ba namu ba ne."

Haka na yi watanni. Ina kwaɓi tun asuba, ana ɗura mini tarihi. Na san kogin Bardar da ya ratsa babban birninsu Skopje ya gangara Girka ya faɗa teku. Risto yakan ce ruwansu yana da izinin zuwa teku, su ne ba su da shi. Na san tafkin Ohrid, wanda in ka ji yadda yake yabonsa sai ka ɗauka daga Aljanna aka ɗebo shi. Na san duwatsu, na san gonakin taba da na jan tattasai. Na san Girka tana da lardi a arewacinta mai suna Makedoniya, shi ya sa ta ce maƙwabciya ba za ta ɗauki sunan ba. Aka yi shekaru ana kiran ƙasar su Risto da wani dogon suna, wai tsohuwar jamhuriyar Yugoslabiya ta kaza, kamar matar da aka saka ana ci gaba da kiranta da sunan tsohon miji. Tutarsu ta farko ma sai da suka canja ta, don Girka ta ce zanen ranar da ke jiki daga kabarin sarakunanta aka kwaikwayo, ta rufe musu hanyar tashar jirgin ruwa. Daga baya aka sasanta aka ƙara wa sunan "ta Arewa". Risto bai taɓa furta wannan ƙarin ba. In baƙo ya faɗa a shagon, sai ya yi kamar bai ji odarsa ba.

Wani lokaci abin yakan ishe ni, in ce, "Maigida, ƙullin nan zai kumbura ya wuce." Amma wani abin yana shiga raina. Ƙasa ba teku, kayanka sai sun bi ta ƙofar maƙwabci, ran da ya yi fushi ya garƙame iyaka ka ga farashin shinkafa ya haukace, wa zai gaya wa mutumin Maraɗi wannan? Na ce masa mu ma muna da Katsina biyu. Sarkinmu na Maraɗi Sarkin Katsina ake ce masa, ga kuma Katsina can a Najeriya da nata sarkin. Ya zaro ido ya ce ba a faɗa? Na ce kakanni sun gwabza, yanzu sai auratayya da fasa-ƙwaurin fetur. Ya yi dariya har da tari. Daga ranar ya fara ce mini "sinko", wato ɗana.

To, a tsallaken titi akwai gidan abincin wani Bagirke, Kosta, siriri mai sanƙo, sa'an Risto. Garinsu Florina, kuma a yadda na fahimta tsakaninsa da Bitola bai kai Maraɗi zuwa Jibiya ba. Kullum da safe, in an fitar da burodin farko, Kosta zai fito bakin titi da kofi biyu, Risto ya fito yana goge hannu.

"Ina kwana, mutumin Skopje!" Kosta bai taɓa ce masa mutumin Makedoniya ba, ko da wasa.

"Ina kwana, ɗan Lerin!" Haka su Risto ke kiran Florina, kuma Kosta ya tsani jin hakan.

"Yau me kuka sata? Jiya sarkinmu, shekaranjiya tutarmu."

"Sarkin da kakanninka suka kira baƙauye yana raye? Da ya mutu ya yi suna kuka tuna ɗan'uwanku ne!"

Su yi ta yi, jijiyar wuya a tashe, motoci suna wucewa tsakaninsu. Faɗa a kan wani sarkin zamanin da da ya ci rabin duniya da yaƙi, faɗa a kan wa ya fara yin cuku, faɗa a kan sunan dutse. In sun gaji ni ake kira. In ɗauki kwandon burodi in kai wa Kosta, in karɓo kofi ɗaya in kawo wa Risto, wai don ya ɗanɗana ya san yadda mutane ke dafa kofi. Risto ya kurɓa ya ce ruwan wanki ne, ya shanye tas.

Yanzu don Allah, duk Bahaushen da ya ga wannan me zai ce? Ni dai na ce abokan wasa ne. Mu Katsinawa haka muke da Gobirawa. A unguwarmu akwai Bagobiri maƙwabcinmu da in ya haɗu da babana a kasuwa sai ya fizge masa hula ya ce, "Bawana, wa ya ba ka izinin fitowa?" Babana ya ce, "Ji mai zanen kaza a fuska!" In watan cika-ciki ya kama, ya zo ƙofar gidanmu da igiya a kafaɗa, wai ya zo karɓar kuɗin shara a wurin bayinsa, in ba a biya ba ya ɗaure maigida. Ranar da babana ya rasu, shi aka riƙa riƙewa a maƙabarta. Wannan wasan na yi kewarsa fiye da furar gidanmu. Garin nan kowa "sori", kowa "eskiyuz mi", ba mai zaginka don yana ƙaunarka. Da na ga tsofaffin nan biyu sai na ji kamar na dawo gida.

Na gaya wa Hajiya Ramatu wata rana da ta sauko daga saman shagon, inda tsohuwar take zaune, don karɓar mata burodi. Ta ce, "Ɗan Nijar, faɗan mutanen nan ka bar musu kayansu. Ka samu ɗaki, ka kama bakinka." A raina na ce mutanen Gana me suka sani game da wasa.

Farkon Satumba suke bikin ranar da suka yi ƙuri'ar ficewa daga Yugoslabiya. Risto ya rufe shago ranar Lahadi, ya gayyato mutanensu daga ko'ina, har daga New Jersey. Aka rataya jar tuta mai rana ruwan ɗorawa, aka jera tebura, wani tsoho ya zo da abin kiɗansa, akodiyon. Tun jajibiri Risto ya gasa wani burodi mai faɗin faifai, ya yi masa ado da hannunsa, ya ce mahaifiyarsa ce za ta fara gutsura. Hajiya ta sauko da ita a keken guragu. Baba Donka suke ce mata, 'yar ƙaramar tsohuwa da baƙin ɗankwali, takan shafa kaina in na kai mata burodi sama.

Ni kuwa tun da satin ya kama nake shiri. Na ce a raina wannan ai ranar bayi ce, dole ubangidansu ya aiko a karɓi kuɗin shara, in Kosta bai san yadda ake yi ba ni zan yi masa. A kan kantarsa akwai 'yan tsinkaye masu ƙaramar tutar Girka, shuɗi da fari, da yake sokawa a sanwic. Da na kai burodin safe na dumbuza na zuba a aljihu, shi yana can kicin bai ma gani ba.

Da lokaci ya yi Risto ya ce, "Sinko, ɗauko burodin." Na shiga ciki, na soke shi da tutocin nan tun daga tsakiya har gefe, na ɗauko igiyar ɗaure buhu na rataya a kafaɗa. Na fito ina taku irin na Bagobirin unguwarmu, na dire faifan a gaban tsohuwa, na gyara murya, na yi Turancin da na kwana biyu ina haddacewa.

"Ubangidanku na tsallaken titi ya aiko ni! Ya ce bayinsa ba za su ci ba sai sun biya! Kuma sunan da ya ara muku, ya ce ya isa haka, a mayar masa da kayansa!"

Na tsaya ina jiran dariya, har na fara yin tawa.

Mai akodiyon ne ya fara tsayawa. Wata mata ta dafe baki. Wani saurayi ya miƙe, ubansa ya janyo shi ya zaunar. Ba wanda ya dube ni, kowa tsohuwa yake kallo. Ta daɗe tana duban burodin. Sai ta miƙa hannu ta cire tsinke ɗaya ta ajiye a gefen faranti. Ta cire na biyu. Jikarta ta matso za ta taya ta, ta ture hannun yarinyar. Haka muka tsaya, ɗaki cike da mutane, tana cirewa ɗaya bayan ɗaya, kuma na soka da yawa, Allah ya sani na soka da yawa. Da ta gama ta shafa ramukan da tafin hannu, ta ce wa Hajiya a mayar da ita sama.

Na ce, "Maigida, wasa ne! Wallahi wasa ne! A garinmu haka ake yi, wanda ka fi ƙauna shi kake ce wa bawa!"

Na ɗauka zai daka mini tsawa, da ma ya yi. A hankali ya ce, "Lawali, ajiye makullin a kan tebur."

Ina cusa kaya a jaka Hajiya ta shigo ɗakin ta rufe ƙofa. Ban taɓa ganin ranta ya ɓaci haka ba.

"Ban gaya maka ba? Ban ce ka kama bakinka ba? Ka san a ina aka haifi matar nan?"

Na ce Bitola mana.

"A Girka aka haife ta, shashasha! Ƙauyensu yana tsallaken iyaka, yarensu ɗaya da su Risto. Tana 'yar ƙarama Girkawa suka yi yaƙin basasa, aka tattara yaran ƙauyen aka tsallaka da su dutse a ƙafa, tana riƙe da hannun ƙanenta. Aka ce musu kwana kaɗan ne za su dawo. Ba ta sake ganin uwarta ba. An canja wa ƙauyen suna. Da ta girma ta je iyaka za ta ga kabarin iyayenta, aka dubi fasfo aka ga tsohon sunan ƙauyen, aka ce ta koma. Daga Bitola tana hango dutsen, shekara da shekaru. Ni nake mata wanka, ni nake jin abin da take faɗa cikin barci. Kai kuma ka zo ka dasa mata tutar a kan abinci!"

Na zauna a kan katifar. Amma har da haushi a cikin abin da na ji, kuma har yau yana nan. Wata nawa mutumin nan yana cika mini kunne? Na san kifin tafkinsu, na san tsawon koginsu, na san wa ya zagi wa a majalisar duniya. Abu ɗaya da ya kamata ya gaya mini, wanda yake kwance a saman kanmu kullum muna kwaɓi, shi ne bai taɓa buɗe baki a kai ba. Na faɗa wa Hajiya haka. Ta ce, "Kai kana ba baƙo labarin kukan uwarka?"

Na fito da jaka, sai ga Kosta a bakin titi, labari ya riga ya tsallaka. Sanƙonsa har ya yi ja.

"Wa ya aike ka? Ni na aike ka? Da sunana!"

Na ce na ga kullum kuna yi ne.

"Muna yi! Ni da shi! Tun ba a haife ka ba nake zagin mutumin nan, ka taɓa ji na yi a gaban uwarsa? In aka fito da ita shan iska hulata nake cirewa in shige ciki. Ƙauyen kakata yana kallon nasu, na san abin da aka yi, kowa a wurinmu ya sani, ba a dai faɗa ne." Ya ture ni ya tsallaka, ko motoci bai duba ba. Ya ƙwanƙwasa ƙofar gilashin yana cewa, "Risto, ba ni ba ne! Ka san ba ni ba ne!" Risto ya zo, ya dube shi ta gilashi, ya saki labule.

Na yi abin da aka saba yi a gida. Na je na samu limamin masallacinmu na Tompkinsville, wani dattijo Bakano, na roƙe shi ya raka ni ban haƙuri. A hanya ya yi mini tatas. Ya ce ko a can gida, ka taɓa ganin Bayarabe ya tsoma baki a wasan Kanawa da Zage-zagi? Wasa gādo ne, wanda aka haifa a ciki shi ya san inda ake tsayawa. Na ce Malam na ji, a dai taimaka. Risto ya karɓe mu da mutunci, ya ba liman kujera, ya kawo masa shayi. Liman ya yi bayanin Katsinawa da Gobirawa tiryan-tiryan, har da igiya, har da kuɗin shara. Risto ya saurara har ƙarshe.

"Na gane," in ji shi. "Al'ada ce mai kyau. Na yafe masa, yaron kirki ne, ba ya ha'inci a aiki. Amma mahaifiyata ba ta sake cin burodin gidan nan ba tun ranar. Ba zan iya ta ji muryarsa a ƙasa ba."

Duk zaman nan bai dube ni ba, kuma da zai ambace ni "shi" yake cewa.

Kosta ne ya ɗauke ni wanke-wanke. Ya ce kada in ɗauka tausayi ne, so yake in kasance kusa don ya riƙa tuna mini ni jaki ne. Ba shi da ɗaki. Na koma katifar karɓa-karɓa a wani gida a Tompkinsville, wannan karon da masu aikin gadi, ga sanyi ya sake kunno kai. Daga wurin da nake wanke kwanuka ina hango 'yar tagar ɗakina a tsallake. Risto bai ɗauki kowa ba, buhunan gari ya jibga a ciki har sun toshe gilashin. Inna ta tambaye ni me ya sa na daina aiko hoto, na ce wayar ce ta lalace.

Burodin Kosta yanzu daga kamfani ake kawo shi a leda, kwastomomi suna ta ƙorafi. Amma bai daina fita ba. Kullum da safe zai zuba kofi biyu ya tsaya a bakin titi. "Mutumin Skopje! Ɓarawon tarihi! Tsoro ya hana ka fitowa?" Ana ganin inuwar Risto tana kai da kawo a bayan labule, ƙofa ba ta buɗewa. Ya gwada zagin cukunsu, ya gwada zagin tafkinsu. Wata rana har cewa ya yi kogin Bardar kwata ce. Shiru.

Ranar da dusar ƙanƙara ta fara sauka, na fito zubar da shara na same shi tsaye ba ko kwat, kofunan suna tururi a hannunsa. Bai yi zagi ba a ranar. Ya daɗe yana kallon ƙofar, ya waiwaya hagu da dama kamar mai shirin sata, sannan ya ɗaga murya har ta fashe.

"Risto! Kai mutumin Makedoniya! Fito ka sha kofi!"

Na saki jakar sharar. Inuwar da ke bayan labule ta tsaya cik. Muka jira, ni da shi, ƙanƙara tana sauka a cikin kofunan. Bas ta zo ta tsaya tsakaninmu da shagon, ta sauke mutane, ta wuce. Inuwar ta juya ta koma wajen tanda.

Kosta ya juyo, idonsa jawur. Ya miƙo mini kofunan biyu, ba wanda aka kurɓa.

"Ka gani? Har sunan na ba shi," in ji shi. "Je ka wanke."